Suna Na Goma Sha Ɗaya

"Kama masa hannu, Maman Susanna! Hannun nan da ke lilo, kada ya bugi ƙofa!"

Phebe, wadda ake kira Maman Susanna, ba ta kama hannun ba. Ta zagaya ta bayan mai keke napep ɗin, ta sunkuya ta rungumi ƙafafun tsohon, ta bar hannun yana lilonsa. Mai keken ya tallabo shi ta hammata, matar tsohon, Mama Salomi, na biye da su da ledar magunguna da takalmi ƙafa ɗaya, tana ta faɗin a yi a hankali. Haka suka shigar da Baba Bishop gidansa da tsakar rana, cikin zafin nan na Maiduguri da ke sa ƙofar ƙarfe ta ƙona tafin hannu. Asibiti sun sallame shi. Likita ya ce a kai shi gida ya huta, kuma babu wanda bai gane irin hutun da ake nufi ba.

Abin da ya tsorata Phebe shi ne rashin nauyinsa. Mutumin da a da in ya tsaya a ƙofar coci sai ya cike ta, yau ga shi a hannunta kamar damin kara. Da suka kwantar da shi ya buɗe ido ya dube ta.

"Ke ce?" ya ce, muryarsa can ƙasa. "Yau kin ɗauki bishop guda da hannunki. Sai ki ba da labari a unguwa."

"Sannu, Baba," ta ce, idonta a kan siminti.

Ta fita ta tsaya a bakin randa tana wanke hannu har gwiwa, ita kanta ba ta san abin da take wankewa ba.

Duk Jiddari Polo babu wanda bai san Bishop Elnathan Dzarma ba, Kirista da Musulmi. Ɗan manomi ne daga kudancin Borno. Ya fara da koyar da yara a gindin tsamiya, ya zama katikis yana yawon ƙauyuka a kan keke da littafin addu'a ɗaure a baya, aka naɗa shi fasto, kuma sai da furfura ta fara fito masa kafin a ɗora masa doguwar hula a miƙa masa sandar makiyayi. Shekara goma sha shida yana riƙe da majami'un Angilika na yankinsu. An ƙona masa bakwai, ya sake gina biyar. Ya binne mutane har muryarsa ta saba da bakin kabari, ta daina rawa. Da ya yi ritaya ya tare a wannan ƙaramin gida mai darbejiya a tsakiya, katanga ɗaya da gidan Hajiya Binta, Bakanuwa mai sayar da atamfa a Kasuwar Kwastam. A ɗakin baya na gidan Hajiya Binta Phebe ke zaune, tana suyar ƙosai da safe a bakin layi.

Tun ranar da aka dawo da shi gidan ya cika. Fastoci, 'yan zumuntar mata da kayansu iri ɗaya, tsofaffin ɗalibai da suka zama manya. Ta saman katanga Phebe ke jin su: Baba ne ya gina mana makaranta, Baba ne ya haƙa mana rijiya, Baba ne ya ɗaura mana aure. Duk gaskiya ne, ba ta musa ko ɗaya ba. Ita dai Lahadi ɗaya ta sani a cikin rayuwar mutumin nan.

A cocinsu fasto kan yi baftisma, amma tabbatarwa sai bishop. Sai ka durƙusa, ya ɗora hannu a kanka, ya kira sunanka, sannan ka isa ka tashi ka ci Jibin Ubangiji tare da sauran mutane. Ƙauyensu, Kirtsa, ya shekara uku bishop bai taka shi ba. Su goma sha ɗaya ne a ajin tabbatarwa, yara goma da ita, uwa mai shekara talatin da ɗoriya. 'Yarta Susanna ce ta ja ta ciki.

"Mama, har yaushe za ki riƙa zama a benci kowa na tashi? Kamar baƙuwa!"

Tare suka riƙa haddace amsoshi suna surfe, yarinyar na kwashewa da dariya duk sanda uwar ta rikice. Daga yadi guda aka yanka musu fararen kayansu.

Shekarar da aka kashe layukan waya ce. Ƙauyukan kewaye sun fara watsewa, mutanen Kirtsa ma sun ɗaure kaya. Katikis ya ce a daure zuwa Lahadi, bishop ya aiko yana tafe, a yi tabbatarwa, Litinin kowa ya kama hanya. Suka daure. Aka yanka akuya, aka share harabar coci, su goma sha ɗaya suka zauna a bencin gaba da fararen kaya tun hantsi. Rana ta take. Abinci ya huce. Da la'asar aka ji ƙarar inji daga nesa, yara suka ruga waje suna ihu, "Bishop! Bishop ya iso!"

Yaran daji ne, 'yan bindiga a kan mashina.

Mijinta Bitrus ya faɗi a ƙofar cocin. Ita ta tsira da sara a kafaɗa. Ganinta na ƙarshe da Susanna, yarinyar na bayan mashin tsakanin mutum biyu, farar rigarta na kaɗawa, ɗankwalinta ya faɗi a hanya. Shekara goma sha biyu ke nan, ba gawa, ba labari. Tun daga lokacin Phebe ba ta amsa wani suna sai Maman Susanna.

Da bishop ya tare a unguwar ya ji sunanta da na ƙauyenta, a ranar ya zo ya tsaya a gaban kaskonta har mai ya ƙone. Kowace shekara sai ya ce mata ta zo ya ɗora mata hannu. Kowace shekara amsarta ɗaya: tare muka yi aji da 'yata, tare za mu durƙusa. Sabon bishop ma ya yi tabbatarwa sau uku a cocin unguwar, tana zaune a bencin baya tana kallon ƙeyar mutane.

Ranar Laraba da safe Mama Salomi ta fito da kwano. Ta jira masu sayen ƙosai suka ragu, sannan ta zauna a kan bencin, ta sauke numfashi.

"Ba ya cin komai, 'yata. Kunun gyaɗarki kaɗai ya ce yana sha'awa."

"Zan dama masa, Mama."

"Ya ce ke za ki kai masa da kanki." Ta juya kwanon a hannunta. "Kin san abin da yake so. Kwana nawa ya rage masa? Ni matarsa ce, shekara hamsin da ɗaya, ban taɓa roƙon kowa a madadinsa ba. Yau ina roƙonki."

Phebe ta juya ƙosan da bai isa juyawa ba, ya fashe a cikin mai.

"Kunu kika ce, Mama. Zan kawo kunu."

Washegari da hantsi ta kai. Ɗakin na warin magani da man zafi. Ba wuta, fanka na tsaye. A jikin ƙusa rigarsa ce mai ruwan hoda, sandar makiyayi kuwa an jingine ta a lungu tare da tsintsiya. Mama Salomi ta fita ta ja musu labule. Phebe ta ba shi cokali uku, a na huɗu ya kawar da kai.

"Zauna, Maman Susanna. Akwai abin da ban taɓa gaya wa kowa ba, har matar nan da ta fita."

Ba ta zauna ba.

"Ran nan na taso. Allah ne shaidata, na taso tun asuba. A shingen sojoji suka ce hanya ba kyau, an ga mashina a daji. Na juya mota."

"Na sani, Baba. Kowa ya sani. Ba waya, ba yadda za ka yi. An gaya min sau ɗari."

"Akwai yadda zan yi." Ya haɗiye miyau da ƙyar. "A shingen nan akwai wani mai keke, ɗan wajenku. Ya ce ya san hanyar gona, zai iya zuwa ya ce muku bishop ba ya zuwa, kowa ya gudu. Na ce masa a'a."

Cokalin ya tsaya a hannunta.

"Na ce kada ya tsorata mutane. Na ce Lahadi mai zuwa zan zo da kaina. Na san in kuka watse, ajin nan ba zai sake haɗuwa ba. Shekara uku kuna jirana. Na so in ga kun durƙusa a cocinku, a garinku, in ɗora muku hannu ɗaya bayan ɗaya. Aikina nake tunani. Ban yi tunanin ranku ba."

Phebe ta ji kamar an zare mata ƙasa daga ƙarƙashin ƙafa. Shekara goma sha biyu tana fushi da mutumin da bai zo ba, ashe ba ta ma san girman abin da take fushi a kai ba.

"Da ƙarfe nawa?" ta ce.

"Wajen tara."

"Tara." Ta ajiye kwanon a hankali don kada ta jefar. "Ƙarfe tara ina ɗaura wa Susanna ɗankwali. Ta ce na matse mata kai. Daga tara zuwa la'asar, Baba, ko gurgu ya isa dutse ya ɓuya."

"Haka ne."

"Yanzu me kake so? In sa kaina a ƙarƙashin hannun da ya ce wa mai keke a'a?"

"Ban ce ki yafe ba. Ban isa ba. Abin da na hana ki nake son ba ki kafin in tafi. Shi kaɗai ya rage a hannuna."

"Abin da ka hana ni yana da shekara goma sha huɗu," ta ce. "Ba ya hannunka."

Ta fita ta bar kwanon.

Hajiya Binta na tsakar gida tana tsince shinkafa sanda Phebe ta shigo ta zube a kan tabarma. Sai da ta yi kuka mai isarta sannan ta ba da labarin, a guntu-guntu.

"Innalillahi," in ji Hajiya Binta. Ta ture farantin. "Tsohon nan? Mai yi min tsiya kullum wai atamfata na zuba? Wallahi Maman Suzi, in ni ce ko kunun ba zan sake kaiwa ba. Ya sha ruwa."

"Ba ya iya haɗiye komai sai kunun."

"Au, kin fara kare shi kuma?"

"Ban kare shi ba."

"To ni dai ban san dokar cocinku ba. Abin da na sani, kada kowa ya sa ki dole. Matarsa ta yi kuka, fastoci su yi kuka, ba su suka haifi yarinyar ba." Ta ja farantin ta ci gaba da tsinta. Can ta ɗago. "Amma kina jin sa kuwa? Tun shekaranjiya bayan azahar sai ya hau kiran sunaye kamar malamin aji. Ya hana ni barcin rana."

Tagar ɗakin bishop na fuskantar katangar. Ranar Juma'a, bayan masallata sun watse layin ya yi tsit, Phebe ta tsaya a gindin katangar da wankinta a hannu. Ta ji shi. Yakan kira suna, ya faɗi 'yan kalmomi, ya yi shiru kamar mai jiran a ce amin, babu mai cewa, sai ya wuce na gaba. Thomas ɗan katikis. Victor. Zion mai in'ina, wanda ya fi kowa haddace amsoshi. A jere, daidai yadda katikis ya rubuta su a takardar da ya aika masa, maza tukuna, sannan 'yan mata. Ba ya karantawa, muryar mai hadda ce. Da ya kai na goma ya ce, "Susanna Bitrus."

Rigar da ke hannunta ta faɗi cikin ƙasa. Kullum ana kiran sunan nan a layin, amma a manne da nata, wutsiyar sunan mai ƙosai. Rabonta da ta ji an kira shi shi kaɗai, kamar mai shi za ta amsa, tun a Kirtsa. Ta toshe kunne kafin ya kai na goma sha ɗaya, ta shige ɗaki.

Asabar da safe ba ta fito da kasko ba. Ta dama kunu, ta bar shi ya huce, ta sake ɗumamawa. Wajen ƙarfe biyu ta ɗauka ta fita. A ranta ta ce za ta je ta ce masa ya cire sunan 'yarta daga bakinsa, shi ke nan.

Ta tarar da Rabaran Godwin, faston cocin unguwar, a tsaye a gefen gado yana share gumi. Mama Salomi na bakin gadon da mafici. Numfashin tsohon ya canja, yana fita da wani ƙara kamar ana jan buhu a kan yashi. An sa masa rigar nan mai ruwan hoda, shi ya ce a sa masa, ta yi masa yawa har wuyanta ya sauko kafaɗa.

"Baba, ka huta mana," Rabaran Godwin ke cewa. "Ka san ba a tabbatar da wanda ba ya nan. Kai ka koya mana."

"Godwin," in ji tsohon, ido a rufe, "ni na tabbatar da kai kana da majina a hanci. Matsa min."

Ya zaro hannun dama daga mayafi ya miƙa shi gefen gado, tafin a kife, daidai tsayin kan yaron da ya durƙusa. Ba kowa a wurin sai iska. Zoben bishop na yawo a yatsan da ya rame.

"Thomas," ya fara. Hannun ya faɗi ya bugi katakon gado.

Ya sake ɗagawa. Jijiyoyin wuyansa suka miƙe. Ya riƙe shi a iska na ɗan lokaci, ya sake faɗuwa. Mama Salomi ta kai hannu za ta tallafa, ya girgiza kai. A karo na uku da ya ɗaga, Phebe ta ga tsayin da ya tsayar da shi, ta ga wurin da babu kowa a ƙarƙashinsa, ta ga bencin gaba da kawuna goma a jere, an yi wa maza aski, an yi wa mata kitso. Maganar da ta zo da ita ta narke a bakinta.

Ta ajiye kwanon a ƙasa. Ta kwance ɗankwalinta. Ta durƙusa a kan simintin ta shigar da kanta ƙarƙashin hannun.

Da ya ji gashi a tafinsa ya buɗe ido.

"Ba don kai ba," ta ce. "Ka fara daga farko. Kada ka tsallake kowa."

"Thomas," ya ce. "Ubangiji, ga naka. Ka ƙarfafa shi da Ruhunka, kada ka sake shi."

"Amin," in ji Phebe.

Rabaran Godwin ya dubi Mama Salomi, ya ja baya.

Hannun na da zafi, kuma ya fi nauyi fiye da yadda ta zata. Victor. Amin. Zion. Amin. Tsakanin suna da suna shirun na ƙara tsawo. A na shida ya tsaya har suka ɗauka ya yi barci, sai ya ja numfashi ya ci gaba. A na takwas hannun ya fara zamewa ta gefen kunnenta, ta kai nata biyu ta kamo shi ta mayar tsakiyar kai ta danne. Gwiwoyinta sun fara mutuwa. Gumi na bin bayanta yana shiga tabon kafaɗa.

"Susanna Bitrus."

Ya faɗe shi sarai, kamar ya ajiye sauran ƙarfinsa don shi.

"Ubangiji, ga taka. Duk inda take. Ka ƙarfafa ta da Ruhunka." Ya tsaya. Ƙirjinsa ya hau ya sauka. "Kada ka sake ta."

Amin ɗin bai fito ba sai da ta yi ƙoƙari sau biyu, kuma da ya fito ba ta gane muryarta ba.

Sai suka jira. Mafici ya tsaya a hannun Mama Salomi. Leɓɓan tsohon suka motsa, suka haɗu kamar za su fara wani suna, iska ta fita tsakaninsu ba sauti.

Rabaran Godwin ya sunkuya daf da kunnensa. "Baba, saura ɗaya. Baba. Phebe ce, tana nan, hannunka na kanta. Ka kira ta."

Ƙarar nan ta jan buhu ta zo sau ɗaya, ta daɗe, ta zo sau ɗaya kuma. Ba ta sake zuwa ba.

"Elnathan," in ji Mama Salomi a hankali, da sunan da babu wanda ya taɓa jin ta kira shi da shi. Ta ajiye mafici ta shafa masa ido.

Rabaran Godwin ya miƙe, hawaye na bin kuncinsa. "Bai kai ba," ya ce. "Maman Susanna, bai kai naki ba. Ki tashi, gwiwarki."

"Ka bar ta," in ji Mama Salomi.

A waje mai moya na wucewa da kurarsa, jarkoki na karo da juna, yana kiran masu sayen ruwa. Kunun ya yi fata a cikin kwano. Phebe na nan a durƙushe, kai ba ɗankwali, hannuwanta biyu a kan hannun tsohon, tana riƙe da shi a tsakiyar kanta, ɗuminsa na raguwa a hankali.